Ƙaramin Jirgin Malam Anaruwa

Ku ajiye hirar da kuke yi tukuna, ku juyo nan, ga wata na zo muku da ita. Ni nawa faɗi ne kawai. Idan na kai ƙarshe, ku ne za ku yi aikin.

A Tungar Giginya, bakin babban tafkin da ya samu bayan an datse kogi, an yi wani masunci da ake kira Malam Anaruwa. Ran da aka haife shi ruwan sama ake shararawa kamar da bakin ƙwarya, shi ya sa sunan ya bi shi, kuma tun yana ɗan tsirara ba a raba shi da ruwa ba. Ya yi kamun kifi da koma, ya yi da taru, ya yi fito da fasinja. Idan ya dubi fuskar tafki da safe, zai gaya maka irin iskar da za ta taso da rana. Matarsa ɗaya, Tabawa, 'yar tudu ce, daga garin manoma aka auro ta. Ta tsufa a bakin ruwa, amma ko sau ɗaya ba ta taɓa sa ƙafa a kwalekwale ba. Cewa take yi Allah ya yi mata ƙasa mai ƙarfi, ba ta ga dalilin taka abin da ke rawa ba. Sun haifi 'ya'ya uku da suka rayu: Lawwali kafinta, Namadi mai walda, sai autarsu Barira, tela ce, tana aure a unguwar gaba.

Wata safiya Malam Anaruwa ya sunkuya zai kwance jirginsa, sai ya faɗi. Ɓarin jikinsa na dama ya shanye. Aka yi ta magani, na asibiti da na gida. Baki ya dawo daidai, ƙafa ta dawo ko da yake yana ɗan jan ta, amma hannun ya ƙi. Ya rataye a gefensa kamar ba nasa ba. Kun san kuwa ba a tuƙa kwalekwale da hannu ɗaya.

Likita ya ce ciwon ya tsaya, ba abin tsoro kuma. Amma mutum ya ci gaba da ramewa. Ya sa aka juya masa tabarmarsa a zaure ya ba tafki baya. Abokan sana'arsa in sun zo gaisuwa, sai ya amsa a taƙaice ya kau da kai har su gaji su tashi. Tabawa ta dafa masa miyar kifin da ya fi so, ya taɓa loma biyu ya ture. Shi a ransa gani yake an riga an binne shi, an dai manta ba a rufe ƙasar ba. Abin da ya fi ci masa rai shi ne ƙarar filafili da asuba, lokacin da masunta ke fita, don kunne ba ya juya baya.

'Ya'yan suka taru a ɗakin uwarsu suna neman dabara. Nan ne Namadi ya ba da labarin abin da ya gani lokacin da ya yi aiki a Legas. Ya ce a can ya ga wasu ƙananan jirage da masu hali ke shaƙatawa da su ranar hutu. Ba inji, ba filafili. Zane ake ɗaura musu a jikin doguwar sanda, iska ta yi turin, mutum yana zaune a baya yana juya su da hannu ɗaya. Lawwali ya ce ai masuntan tafkin nan ma sukan ɗaga buhu a kan gora idan iska na bayansu. Namadi ya ce wannan daban ne, don waɗannan jiragen har wajen da iska ke fitowa suna iya nufa, a karkace. Da suka gama gardama, sai Barira ta tambaya ko akwai abin da ke jikin jirgin da ya fi ƙarfin kafinta da mai walda da tela. Aka duba, babu. Suka raba aiki.

Da labari ya kai kunnen tsohon, ya ce su daina ɓata katako, shi bai tsufa ba don a yi masa abin wasan yara. Suka ce to, Baba. Suka ci gaba da aikinsu.

Lawwali ne ya ɗauki gangar jikin. Jiragen garin dogaye ne, tsukakku, na katako mai kauri, sai an taru ake jan su. Shi kuwa ya yi nasa gajere, bai fi tsawon mutum biyu a kwance ba, gaba da tsini, ciki da faɗi kamar akushi. Da fallen katako mai jure ruwa ya yi shi, har mutum biyu na iya ɗaga shi su kai tudu. A can gaba, da kuma ƙarƙashin kujerun gefe biyu, ya ƙera akwatuna ya liƙe su ruf da gam da kwalta, ba ƙofa ba murfi. Masu wucewa suka riƙa tsayawa suna tambayarsa amfanin akwatin da ba a buɗewa. Ya ce akwai ajiya a ciki, iska ce. Suka yi dariya suka wuce. Ya bi bakin jirgin da wani siririn katako mai ramukan da yatsu za su shiga, ya kuma rage tsayin bayan jirgin ƙwarai, don ya san mai hannu ɗaya ba zai iya ɗaga jikinsa ya haye bango mai tsawo ba.

Namadi ya zo da tasa, aka kusa ɓatawa. Cewa ya yi sai an tsaga cikin jirgin ta tsakiya. Lawwali ya ce tunda yake bai taɓa jin mai hankali ya huda jirgi da gangan ba. Suka kwana biyu ba sa magana, sannan wan ya haƙura, ya yi tsagar, ya kewaye ta da ɗan akwati tsukakke wanda bakinsa ya fi ruwa tsawo. Cikin wannan tsaga Namadi ya rataya wani allo mai kama da fiffiken kifi, ya yi masa baki da ƙarfe don nauyi. Ya ce in babu allon, iska za ta riƙa tura jirgin ta gefe kamar ƙwaryar da ta suɓuce wa mai wanke-wanke. In yana ƙasa kuwa, jirgin zai ciji ruwa ya bi inda aka nuna masa. Bai kafe allon ba, a kan noti ɗaya ya rataye shi, yadda in ya yi karo da wani abu a ƙarƙashin ruwa zai lanƙwashe baya ya shige gidansa. A bayan jirgin ya sa allon juyawa mai dogon mariƙi, wanda ake iya maƙalewa a hammata. Ya kuma ƙera wani ɗan ƙarfe mai haƙora da ke cije igiyar zane, in an ja ya riƙe, in an fizga sama ya saki.

Barira ta tafi birni da kanta ta zaɓo yadi, irin wanda ake yin laima da shi, mara nauyi, ba ya shan ruwa. Ta yanka shi kusurwa uku. Da farko ta ɗinka shi a shimfiɗe kamar zanin gado, ta rataya a igiyar shanya, ta ga iska na kaɗa shi kawai tana wucewa. Ta warware, ta sake, ta kuma warwarewa, har ta gano cewa sai an yi masa ɗan ciki kamar babbar riga a jikin mai tafiya, sannan yake kama iska. Yayyenta suka so ta yi shi babba don jirgin ya yi gudu. Ta ce ita ƙarfin hannun Baba ɗaya ta auna, ba nasu huɗu ba. Ta jera gajerun igiyoyi a jikin zanen, layi biyu, don in iska ta yi yawa a naɗe ƙasansa a ɗaure, ya koma rabi. A can ƙololuwa ta ɗinka aljihu ta cusa busasshiyar gorar duma da aka toshe wa baki. Namadi ya ce wannan bai gan shi a Legas ba. Ta ce ita ma ba ta je Legas ba, amma ta sha wanki a bakin tafki, ta san abin da ya kife gaba ɗaya ya fi wuyar juyowa. Launin da ta zaɓa ruwan goro ne mai haske, har Lawwali ya ce za a zaci amarya ce ta shanya kayan lefe.

Ran da aka kai jirgin ruwa, tsohon ya ƙi fitowa. Sai da ya ji ihun yara da dariyar masunta, aka ce masa Namadi na can yana ta zagaye wuri ɗaya ya kasa fita daga kwata, inda ake ɗaure jirage, sannan ya jawo ƙafarsa ya zo ya tsaya. Ya daɗe yana kallo. Can ya ɗaga murya ya ce wa ɗansa ya dubi inda fuskar ruwa ta yi baƙi-baƙi, ai iskar daga can take zuwa, shi kuma yana neman ta a wani wuri. Namadi ya ce to ya zo ya nuna masa mana. Haka aka yi ya shiga.

Kafin wata ya ƙare, uban ya fi ɗan gwaninta nesa ba kusa ba, don shi ba iskar yake koyo ba, jirgin kawai yake koyo. Ya maƙale mariƙi a hammata, ya riƙe igiya da hagu, jirgi ya riƙa tsaga ruwa shiru, ba ka jin komai sai ɗan shuu a ƙarƙashinsa. Ba kifi yake nema ba. Fita kawai yake yi ya zaga ya dawo. Ya koma cin tuwo har da neman ƙari. Ya juyar da tabarmarsa da kansa. Masunta suka bar dariya, suka koma tsayar da filafili suna kallon zane mai ruwan goro yana wuce su a karkace, yana nufar inda iska ke fitowa.

Wata safiya a farkon damina, yana shirin fita, sai ya ga Tabawa ta biyo shi da kwanon fura a hannu, ta ɗaure gyale tam a ƙugu.

Ya ce, "Ina zuwa haka?"

Ta ce, "Malam, na dafa maka duk abin da na iya bai tashe ka ba, katako da yadi suka tashe ka. Ina so in ga abin da ke can."

Ya yi murna irin wadda bai yi ba tun ran da aka haifi ɗansu na fari. Ya zaunar da ita a kujerar gefe, ta runtse ido ta damƙe bakin jirgi tana salati. Da suka yi nisa ba abin da ya faru, ta buɗe ido ɗaya, sannan ɗayan. Sai ya yanke shawarar kai ta wurin da ya daɗe yana ba ta labari, wato tsohon garinsu da ruwa ya cinye tun yana yaro. A wannan lokaci na shekara tafkin ya ja baya, kututturan itatuwan garin sun matso kusa da fuskar ruwa. Ya riƙa nuna mata: nan kasuwa take, nan masallaci, can wajen gidan kakarsa mai ƙosai. Ita ba ta ganin komai sai ruwa, amma tana ganin fuskarsa, ta yi ta gyaɗa kai tana tambaya. Suka sha fura. Hira ta yi daɗi, shi kuma ya ba gabas baya.

Sanyin da ya taɓa masa ƙeya ne ya sa ya waiwaya. Hadari ya haɗe baƙi ƙirin, ƙasansa ya yi fari, kuma tuni fuskar tafki ta wajen gari ta fara tafasa. Ya juya jirgi, amma ya makara. Suna cikin juyawa allon ƙasa ya daki kututturen wata tsohuwar tsamiya. Aka ji ƙara, allon ya lanƙwashe ya shige gidansa, jirgin bai tsage ba, sai dai ya karkace ya ba iska gefe. A daidai nan gaban hadarin ya iso ya cika zane. Kafin ya fizge igiya, sun kife.

Da ya ɗago kai daga ruwa, abu na farko da ya nema Tabawa ce. Ya gan ta tsakanin zane da cikin jirgi tana shan ruwa tana dukan sama. Ya yi iyo da hannu ɗaya ya tura ta da kafaɗa har yatsunta suka faɗa ramukan da Lawwali ya yi, ta damƙe. Shi ma ya kama. A saninsa na tsohon masunci, jirgin da ya sha ruwa haka ƙasa yake yi, ko ya nutse har baki ya zama ba shi da amfani. Sai ya ga wannan yana kwance a gefensa, rabinsa a sama, yana hawa igiyar ruwa yana sauka kamar agwagwa. Akwatunan da ba a buɗewa ne suka riƙe shi.

A nan ne ya yi alwashi. A gidansu akwai wani filafili na gado, na baƙin katako, tun na kakan kakansa. Wanda ke riƙe da shi shi ne bakin gidan a duk sha'anin ruwa, shi ke zama a gaba ranar wasan jirage na shekara, shi ake kira in masunta za su yi shawara. Tun da hannunsa ya mutu dangi ke jira ya miƙa shi ga wani, ya ƙi, don miƙawar na nufin ya yarda ya gama. Yanzu, da ruwa a bakinsa, ya ce da ƙarfi, "Ya Allah, in ka fid da matar nan, ɗan da aikinsa ya cece mu shi zan ba filafilin gidanmu."

Lokacin da ya faɗi haka, aikin Lawwali ne a hannunsa, kuma Lawwali ne a ransa.

Bai rufe baki ba ya ji jirgin na ƙara mirginawa. Zane ya jiƙe, iska na danna gangar jikin, kan sandar ya fara nutsewa. Ya san in ta yi ƙasa jirgin zai kife ruf a kan Tabawa, kuma mutum mai hannu ɗaya ba zai taɓa juyo shi ba. Ya zuba wa kan sandar ido. Ta nutse, ta taso. Ta sake nutsewa, ta sake tasowa. Gorar da Barira ta cusa a aljihu ta ƙi shiga ruwa. Sai ya ce a ransa ashe autar ce.

Ya ce wa Tabawa ta saki bakin jirgi ta kama kujerar da ke cikin ruwa, ta miƙe jikinta a tsawon jirgin, kuma ko me ta ji kada ta saki. Ta dube shi da jajayen idanu, ta yi yadda ya ce. Ya zagaya ta baya zuwa ƙasan jirgin. Ya lalubi tsagar, ya sami bakin ƙarfen, ya jawo allon Namadi har ya fito ya miƙe a kan ruwa kamar reshe. Ya rataya hannunsa mai lafiya a kai, ya ɗora ƙirji, ya saki dukkan nauyinsa. Da farko ba abin da ya motsa. Ya ja numfashi ya matsa can ƙarshen allon. Noti ɗaya ne ke riƙe da shi da jirgin da matarsa, kuma notin bai karye ba. A hankali sanda ta rabu da ruwa, zane ya tashi yana zuba, jirgin ya mirgino ya zauna a kan cikinsa. Da ya leƙa, ga Tabawa a ciki, jirgin ya kwaso ta kamar yadda ludayi ke kwaso gayan fura. Ya ce a ransa, a'a, Namadi ne.

Ya lallaɓa zuwa bayan jirgin inda bango ya yi ƙasa. Ƙarfinsa ya ƙare, amma ya iya ɗora ƙirji a kai. Tabawa ta cafki wuyan rigarsa ta ja shi ciki kamar buhun gero. Kwanon furar ya maƙale a ƙarƙashin kujera, ta zaro shi ta shiga kwarfar ruwa ba wanda ya sa ta.

Ba su tsira ba tukuna. Iska na kora su yamma, inda wasu duwatsu ke tsaye a cikin tafki, igiyar ruwa na fashewa a kansu. In suka bar zane a sake, za su faɗa duwatsun. In suka ja shi duka, za su sake kifewa. Ya nuna wa Tabawa gajerun igiyoyin, ta sauke zanen ta naɗe ƙasansa, ta ɗaure su ɗaya bayan ɗaya da irin ƙullin da take wa bakin buhu. Zane ya koma ɗan ƙarami. Ya tura allo ƙasa da ƙafa, ya maƙale mariƙi a hammata, ya ja igiya ƙarfe ya cije. Jirgin ya daina zamewa, ya ciji ruwa, ya ratsa iskar a karkace. Suka wuce duwatsun kusa ƙwarai, har suna ganin gansakukar jikinsu, suka faɗa bayan wani tsibiri inda ruwa ya ɗan lafa. A nan hannunsa ya saki, sanyi ya kama shi, haƙoransa suka riƙa haɗuwa. Tabawa ta rungume shi ta baya, jirgi ya tsaya yana lilo cikin ruwan sama.

A can gari kuwa, tun da hadari ya taso 'ya'yan uku suka ruga kwata. Da iska ta ɗan sassauta suka shiga babban jirgin inji na wani maƙwabci. Ruwan sama ya rufe ko'ina, tafki da sama sun zama abu ɗaya, toka-toka. Suka nufi wajen duwatsu, don nan iska ke kai duk abin da ta ɗauka, ba su ga komai ba. Mai jirgi ya ce mai ya kusa ƙarewa, sai an koma. Yana cikin juyawa Barira ta miƙe tsaye ta nuna arewa. Can nesa, a gindin tsibiri, ga wani ɗan ɗigo mai ruwan goro.

Ba sai na gaya muku yadda aka yi a kwata ba. Matan da suka fara kuka suka koma guɗa. Aka hura wuta, aka lulluɓe tsofaffin da barguna, aka dama kunu mai zafi. Lawwali, wanda ba a taɓa ganin hawayensa ba, ya zauna a ƙasa ya riƙe ƙafar uwarsa yana kuka. Tabawa kuwa, da jikinta ya ɗumama, dariya ta kama ta har tana tari. Ta ce wa matan unguwa ta je garin surukanta yau, an karɓe ta da ruwa fiye da yadda ta zata. Malam Anaruwa ya yi barci irin na jariri, ya farka da yunwa.

Bayan an huta, masu jaje sun ɗauke ƙafa, Tabawa ta same shi a zaure ta tuna masa cewa ba kifaye kaɗai suka ji alwashinsa ba, ita ma ta ji. Ya ce bai manta ba, abin ne ya tsaya masa a wuya. Ya aika aka kira 'ya'yan da dattawan dangi, ya sa aka ɗauko filafilin aka ajiye a tsakar tabarma, ya ba da labarin duka, bai rage komai ba, har da yadda ransa ya sauya sau biyu a cikin ruwa. 'Ya'yan suka sunkuyar da kai suka ce duk wanda Baba ya ba, daidai ne. Amma kowannensu ya saci kallon filafilin. Sai dangi suka rabu.

Wasu suka ce na Lawwali ne. Ba don akwatunansa ba, da jirgi ya yi ƙasa tun faɗuwar farko, da ba a kai ga maganar allo ko zane ba. Ramukansa matar ta riƙe, ta bangonsa mai gajarta aka jawo tsohon. Aka amsa musu da cewa rashin nauyin jirginsa ne ya sa iska ta kifar da shi da sauƙi haka.

Wasu suka ce na Namadi ne. Shi ya kawo dabarar tun asali. Jirgin da ke kwance a gefe, ko bai nutse ba, duwatsu zai kai su. Allonsa ya lanƙwashe bai tsaga jirgi ba, allonsa ya tayar da shi, allonsa ya hana shi zamewa. Aka amsa musu da cewa da babu allon nan mai leƙa ƙasa, da jirgin ya wuce ta kan kututture bai taɓa shi ba.

Wasu kuma suka ce na Barira ce, mace ko ba mace ba, tunda alwashin bai ware ba. Ba don gorarta ba, da jirgi ya rufe uwarta. Ba don igiyoyinta ba, da an sake kifewa. Ba don launin da aka yi wa dariya ba, da masu nema sun koma gida, sanyi ya ƙarasa tsohon a bayan tsibiri. Su ma aka amsa musu da cewa ai zanenta iska ta kama ta kayar da su.

Wani dattijo ya kawo shawarar a riƙa karɓa-karɓa, kowa shekara guda. Tabawa ta ce ita ɗa ɗaya ta ji an ambata, kuma ba da mutum aka yi alkawarin ba balle a nemi ragi. Wani ya ce to a ba ita Tabawar, tunda ita ta jawo shi, ita ta kwarfe ruwa, ita ta ɗaure zane. Ta ce ita ba 'yarsa ba ce, kada a fake da ita.

Malam Anaruwa ya dubi Lawwali, ya dubi Namadi, ya dubi Barira, duk suna zaune lafiya a gabansa, uwarsu a gefe da ranta. Ya gode wa Allah. Ya miƙa hannunsa na hagu ya ɗauki filafilin, ya ɗaga shi, sai ya tsaya.

To, ga ku ga shi, hannun tsoho ya fara gajiya. Tsakanin wanda ya hana jirgi nutsewa, da wanda ya tayar da shi ya ba shi hanya, da wadda ta hana shi kifewa ta sa aka gan shi, wa za ku ce ya miƙa wa?